Mash ɗin mutum talatin a Crock-Pot, a yi tun jiya ko a bari sai da safe?

Wa alaikumus salam 'yar uwa. Na karanta tambayarki, kince facalarki ba'amurkiya ce zata haɗa taron Thanksgiving, bikin godiyar da Amurkawa suke yi wata ranar Alhamis a watan Nuwamba, a gidansu, an raba girki ke kuma aka ɗora miki mash, wato dafaffen dankalin turawa da ake murjewa da madara da bota, na mutum talatin, ƙarfe biyu na rana za'a zauna cin abinci kuma tsakaninku tafiyar minti arba'in ce a mota, shine kike so kiji ko zaki iya yinshi tun ranar Laraba kisa a firji, Alhamis da safe ki juye a Crock-Pot, tukunyar lantarkin nan mai dafa abinci sannu-sannu, ya ɗumama a hankali kafin ku tafi.

Toh yinshi tun Laraba babu laifi ko kaɗan, nima haka nake yi idan aiki ya min yawa, kuma in akayi shi yadda ya kamata ba wanda zai ci ya gane kwana yayi. Wancan ɓangaren na ƙarshe ne nake roƙonki dan Allah kar kiyi, wato ki ɗauko shi da sanyinshi daga firji ki zuba a tukunyar ki kunna ki tafi wanka. Da zafinshi zai shiga, tukunyar ma ta riga tayi zafi. Na daɗe ina girkin taro a nan Amurka, suna ne, walima ce, buɗa-baki a masallaci, kuma duk yarinyar da tazo taya ni aiki wannan shine abu na farko da nake gaya mata akan tukunyar nan.

Dalili kuwa tun asali ba dan sauri aka ƙera ta ba. Wani mutumin Chicago ne mai suna Irving Naxon ya ƙirƙiro ta ya samu rajistarta a 1940, daga labarin da mahaifiyarshi take bashi na wani abincin wake da Yahudawan Lituweniya suke kaiwa gidan burodi ranar Juma'a ya kwana cikin sauran zafin tanda, daga baya kamfanin Rival ya saya ya fito da ita da sunan Crock-Pot a 1971. Kinga kenan aikinta shine hawa a hankali a hankali. Shi kuma mash abu ne mai kauri, zafi baya ratsa shi da wuri kamar miya, gefe zaiyi zafi har ya fara kamu tsakiya kuma yana nan da sanyi ko ɗumi-ɗumi na awanni. Tsakanin digiri 40 da 140 a ma'aunin da ake amfani dashi anan, wato 4 zuwa 60 a wanda muka saba a gida, nan ne ƙwayoyin cuta suke hayayyafa, ga madara ga bota ga sitaci duk abinda suke so an haɗa musu wuri ɗaya. Wasu daga cikinsu ma dahuwar farko bata kashe ƙwansu, wani kuma in ya saki gubarshi ko an sake tafasa abincin bata mutuwa, kuma abinda yafi ban tsoro abincin bazaiyi wari ba bazai canza ɗanɗano ba. Ma'aikatar noma ta Amurka ma abinda take faɗa kenan, kar a ɗumama sauran abinci a irin tukunyar nan, a ɗumama a wuta ko obin ya kai digiri 165 a ma'aunin nan Amurka sannan a zuba a ciki ta riƙe zafin. Mu ma ai a gida ba wanda yake ɗumamen tuwo akan toka mai ɗumi, wuta ake hurawa sosai sai tururi ya ratsa malmalar har ciki. Taro ne da yara da tsofaffi, ƙila da mai ciki, kuma da sunanki za'a ce wance ce ta kawo.

Sai abu na biyu wanda ni a ganina shi yafi kayar da mu Hausawa a girkin nan, hannunmu ya saba da sakwara da tuwo. Mu a wajenmu alamar gwaninta itace abu yayi danƙo yayi sulɓi ba gudaji, a kirɓa doya a turmi har ta dinga bin taɓarya, a tuƙa tuwo da muciya har hannu ya gaji. Mash akasin haka ne gaba ɗaya. Sitacin dankali a cikin wasu ƙananan ƙwayoyi yake, in ya dahu sai su kumbura suyi laushi, abinda ake so a raba su da juna kawai ba tare da an farfasa su ba. Da kin dage da tuƙi ko kin saka a bilenda sai su fashe sitacin ya fito, nan take abu ya koma gam. Na taɓa gani da idona a wata walima, wata baiwar Allah ta tashi tun asuba ta fere dankali himili guda, dan tana so yayi kyau sai ta markaɗa shi a injin, da aka buɗe murfi yana ta sheƙi, aka saka cokali aka ɗaga sai gashi ya biyo cokalin yana zare kamar miyar kuɓewa. Wallahi ta bani tausayi dan ba ganganci tayi ba, ƙoƙari ne yayi yawa. Kuma wanda za'a ajiye a Crock-Pot sai an ƙara kiyayewa tunda za'a sake juya shi wajen ɗumamawa, a sake juyawa a tukunya, duk juyi ɗaya yana ƙara mishi danƙo, dan haka tun farko ki rage hannu.

Yanzu lissafi. Mutum ɗaya rabin laba na ɗanyen dankali, kenan mutum talatin laba 15, kilo bakwai ba kaɗan, leda uku irin mai laba biyar-biyar da ake sayarwa a kanti. Kar kice yayi yawa tunda akwai talotalo da sauran abinci, su a teburin Thanksgiving mash kamar shinkafa ce a bikinmu, kowa sai ya ɗiba, yara ma wasu shi kaɗai zasu ci. In an gama haɗa shi zai kai kwat tara ko kusa (kwat ɗaya ya kusa lita ɗaya), dan haka tukunya ɗaya mai kwat shida bazata ɗauka ba, biyu kike buƙata, ki ari ɗaya wajen maƙociya ko facalar taki tun yanzu dan a satin kowa tashi tana aiki. Kuma kar a cika ta har baki, kashi biyu cikin uku ko ɗan sama da haka ya isa.

Irin dankalin ma ki duba. Russet, wannan dogon mai bawo ruwan ƙasa da ake nomawa sosai a Idaho, shine mai gari, yana fitowa wasar-wasar amma yana shan ruwa. Yukon Gold mai rawayan ciki, wanda aka samar a jami'ar Guelph ta Kanada ya fito kasuwa a 1980, shi kuma maiƙo-maiƙo yake kamar an riga an saka mishi bota kuma yafi jure zama. Ni leda biyu Yukon nake saya leda ɗaya Russet in haɗa. Jajayen nan ƙanana ki barsu wa salak da miya, sun fiya riƙe jiki, kafin su murje kin riga kin wahalar dasu. Duk wanda kika ga yayi kore ko ya fara tsiro ki yanke wajen da zurfi, in koren yayi yawa ki yar, ɗaci ne dashi kuma yana ɓata ciki.

Fira itace wahalar aikin, laba 15 ba wasa bane, ki zaunar da maigida da yara ranar Talata da dare su taya ki. In an fere a nutsar dashi cikin ruwan sanyi ya sha kanshi a saka a firji, zai kai awa 24 baiyi baƙi ba, iska ce take sa shi duhu.

Ranar Laraba ki yanka shi manya-manya daidai wa daida, kamar girman ƙwai an raba biyu, kar kiyi ƙanana dan ruwa zai shige shi. Ki ɗora da ruwan sanyi ba tafasasshe ba, in kika zuba a tafasasshe waje zai narke ciki yana nan da tauri, daga nan gudaji suke samo asali. Gishiri a ruwan ki saka da ɗan yawa har kiji shi a harshe, in kina son tafarnuwa ki jefa ɓararriya kamar guda goma su dahu tare. In ya tafaso ki rage wuta, minti 15 zuwa 20, ki soka wuƙa in ta shige ta fito dankalin bai biyota ba ya yi. Tukunya biyu ko uku zaki raba, kar ki cusa duka a ɗaya. Ki juye a matsami ya tsane, sannan ki mayar dashi cikin busasshiyar tukunyar a wuta ƙasa-ƙasa minti ɗaya ko biyu kina girgizawa, zakiga tururi yana tashi bakin dankalin yana yin fari-fari kamar an barbaɗa gari. Mutane da yawa suna tsallake wannan, kuma shine yake hana mash ya saki ruwa washegari.

Da zafinshi ake murjewa, kar ki bari ya huce. In kina da abin matse dankalin nan mai kama da ƙaton abin matse tafarnuwa shi yafi komai, sau ɗaya dankalin zai bi ta ramukan ya fito kamar taliya shikenan an gama. In babu, na hannu mai ƙarfe a ƙasa ya isa, dannawa ake daga sama zuwa ƙasa, ba juyawa ba. Bota ce take fara shiga kafin madara, narkakkiya ko wadda tayi laushi, saboda maiƙon yana lulluɓe sitacin ya rage danƙo, sai kirim ciz irin Philadelphia wanda kika fito dashi tun ɗazu ya saki jiki, sai madara mai zafi a ƙarshe kaɗan-kaɗan kina naɗewa da faffaɗan cokali daga ƙasa zuwa sama. Duk ledar dankali ɗaya sandar bota ɗaya da rabi (sanda ɗaya rabin kofi ce), kirim ciz ɗaya mai giram 225, madara kofi ɗaya zuwa ɗaya da rabi. Nasan zakice maiƙon yayi yawa, eh yayi, amma wanda zai kwana dole ne, dan sitaci in yayi sanyi ɗaurewa yake ya fitar da ruwanshi kamar yadda tuwon jiya yake tauri, maiƙon ne yake riƙe shi. Madara mai cikakken maiƙo zaki saya, kar ki soma da wadda aka yaɗe. Ta gwangwani irin Peak ko Carnation ma tana yi sosai kuma bata saurin tsinkewa a zafi, in da ita zakiyi ki ɗan sirka da ruwan zafi. Ki barshi da ɗan ruwa-ruwa fiye da yadda kike so a faranti, dan zai ƙara kauri.

Maganar kayan ƙamshi, nasan hannu zai dinga ƙaiƙayi ki jefa magi da kori da attaruhu, ki daure. Abinci ne da ake ci da romon talotalo mai kauri a kai, kamar tuwo ne da miya, ba'a saka wa tuwo magi. Gishiri da masoro kaɗan, shikenan. Ni dai ina tafiya da yajina a ƙaramar kwalba in ajiye a gefe, kuma kusan kullum sai an tambaye ni menene wannan a ɗan sam musu.

Sanyayawa itama da ƙa'idarta. Kar ki ɗauki ƙatuwar tukunya da zafinta ki tura firji, tsakiyarta zata kwana da ɗumi kuma ta ɗumama miki sauran kayan firjin. Ki shimfiɗa a tiren foyil ɗin nan, zurfin kar ya wuce inci biyu, tsawon ɗan yatsa kenan, tire uku ko huɗu, tururi ya ɗan lafa ki rufe ki saka, duk dai kar ya wuce awa biyu a waje daga saukewa. Kuma kar ki saka shi a kaskon Crock-Pot ɗin ki kai firji, bayan matsalar da na faɗa, kaskon yana iya tsagewa in ya fito daga sanyi ya haɗu da zafi.

Ranar Alhamis tunda ba a gidanki taron yake ba obin ɗinki a sake yake, wannan sa'a ce. Ƙarfe goma ki kunna shi a digiri 350 na ma'aunin nan Amurka, ki yayyafa madara kaɗan akan kowane tire ki ɗiɗɗiga bota ki rufe da foyil, goma da rabi su shiga. Bayan minti 20 ki buɗe ki naɗe gefe zuwa tsakiya sau ɗaya ki mayar, gaba ɗaya minti 40 zuwa 50 ya danganta da yawan tiren da kika jera. Ki sayi ma'aunin zafin abinci mai tsinke in baki dashi, bashi da tsada kuma zai miki amfani har a kaza da nama, ki soka a tsakiyar tiren sai kinga 165. Kafin nan kin riga kin shafe cikin tukwanen Crock-Pot ɗin da bota har sama, kin zuba madara mai zafi kamar rabin kofi a gindi, kin kunna su inda aka rubuta Low wajen minti 20 suna jira. Sha ɗaya da rabi ki juye, ki ɗan lotsa tsakiya da bayan cokali ki ajiye yankan bota a wurin.

Ga wani ɗan abu da nake so ki riƙe, tawul ɗin kicin mai tsabta ki shimfiɗa a bakin tukunyar sannan ki ɗora murfin a kai, gefunan ki naɗo su sama kar su taɓa jikin ƙarfen. Murfin gilashin nan gumi yake tarawa, in babu tawul duk sanda aka ɗaga sai ruwan ya gangaro ya kwanta a gefen mash ɗin ya zama tsululu. Bayan awa ɗaya ki taɓa tawul ɗin kiji yadda ya jiƙe sharkaf, duk wannan ruwan da a cikin abincin zai ƙare.

A mota ki ɗaure murfin, wasu suna da maƙalli wasu kuma sai da roba, ki naɗe kowacce da tsohon bargo ki saka a kwali a ƙasan mota ba akan kujera ba. Minti arba'in ba komai, kaskon yana riƙe zafi sosai duk da sanyin Nuwamba. Ki tafi da ekstenshan ɗinki dan wayar tukunyar gajeruwa ce, ki kuma gaya wa facalarki tun yau ta ware miki soket, ranar kicin ɗin cike zai kasance. Da isa ki jona. Warm, wato wajen da ake murɗawa dan riƙe ɗumi kawai, na kowace tukunya daban yake, wata tana riƙewa da kyau wata tsohuwa kuma bata kaiwa, ki soka tsinken a tsakiya, in ƙasa da 140 ne ki mayar Low. Duk minti 30 zuwa 45 ki naɗe shi sau biyu ko uku kawai ki rufe, saboda zafin ta jikin bango yake zuwa, gefe ne yake fara ƙanzo. Awa biyu zuwa uku shine lokacin da yake kan daɗinshi, huɗu itace iyaka a wajena, bayan nan launin yana komawa ruwan ƙasa kuma ɗanɗanon madarar yana canzawa. Da wannan tsarin naki awa biyu da rabi zaiyi kafin a zauna, daidai kenan. Tukunya ɗaya zaki fara buɗewa, ɗayar ta zauna a rufe sai ta farko ta ƙare.

In kinga yayi tauri madara mai zafi ce maganinshi, ki tafi da ita a filas. In yayi ruwa ki cire murfin minti goma, ko ki barbaɗa busasshen garin mash na kwali cokali biyu uku, yana tsotse ruwan nan da nan. In kuma tsautsayi yasa yayi danƙo toh gaskiya baya komawa, sai dai ki shimfiɗa a tire da faɗi ki barbaɗa ciz a sama ki gasa har yayi ja, zai ciwu.

Zaki ga wasu suna cewa a zuba ɗanyen dankalin a Crock-Pot ɗin da ruwa kofi ɗaya da rabi da bota a barshi a High awa uku zuwa huɗu sannan a murje a ciki. Yana yi, na sha yi in mu goma ne ko sha biyu, wanke-wanke kaɗan. Amma ɗanye yafi cin wuri, tukunya ɗaya leda ɗaya take ɗauka, ke sai kin nemo uku, kuma wanda ruwa bai rufe ba yana yin duhu, launin baya fitowa tas kamar na tafasawa. Ga fargaba, in ƙarfe sha biyu tayi tsakiya bai dahu ba baki da mafita. Na mutum talatin ban baki shawararshi ba.

Tunda gidan surukai ne da ba musulmi ba, girke-girkensu da yawa suna cewa a saka romon kaza na kwali, ke ki tsaya a madara ko romon kayan lambu. In zaki ƙara kirim mai tsami ki karanta jikin robar dan wasu suna saka jelatin. Sannan ki faɗa wa facalarki cikin mutunci kar kowa ya barbaɗa soyayyen naman alade akan tukwanenki dan al'adarsu ce yin hakan, ki kuma tambayi me aka saka a romon da za'a zuba a kai, wasu suna ɗiga giya.

'Yan uwa na gida da zasu gwada, dankalin Jos na su Bokkos da Mangu yana yi, sai dai a kula da abu biyu, tukunyar da aka sayo daga Amurka wutar 120 take ci tamu kuma 230 ce, ba tiransifoma ƙonewa zatayi, sannan in an ɗauke wuta ba'a san tun yaushe ba kar a ce ai da ɗuminshi. Gara a ɗauraye kula da tafasasshen ruwa a zuba shi da zafinshi a ci cikin awa biyu.

Wanda ya rage in tukunyar tana jone har aka tashi ki kwashe a roba mara zurfi ki saka firji da kun isa gida, kwana uku zuwa huɗu yana nan lafiya, in kuma an zare ta ya zauna a tebur sama da awa biyu ki haƙura dashi. Juma'a da safe ki fasa ƙwai ɗaya akan kofi biyu na sauran, fulawa cokali uku, albasa da attaruhu yanzu kam son ranki, ki mulmula ki faɗaɗa ki soya a mai kaɗan yara su sha shayi dashi. Ki manna suna a gindin tukunyar da kika aro dan ranar duk iri ɗaya suke komawa. Allah yasa ayi taro lafiya a tashi lafiya, ki gaida yaran.